Zancen Hansai a Bakin Talle

A shekarun da sojoji ke ta dawowa daga yaƙin duniya a ƙasar Bama, akwai wata rumfar goro a bayan tashar Agege, ta wani attajiri Mamman Dogo. Mata ke yini a ciki suna wanke goro suna zaɓe, fari daban, ja daban, mai sankara a jefar, kafin maza su jera shi cikin ganyen fita su ɗaure huhu a kai tarago. A cikin matan akwai Hansai. Haifaffiyar Ikko ce, jikar wani tsohon soja, ba ta taɓa wuce Abekuta ba. Tana Yarbanci kamar da shi aka haife ta, Hausarta kuwa ta tsofaffi ce, don a hannun kakarta ta tashi. Gajera ce, baƙa, yatsunta sun rine da ruwan goro. A hanya ba ta da magana, amma in ta zauna gaban daro ta soma labari, sai rumfar ta yi tsit, ba ka jin komai sai goro yana faɗawa cikin kwando.

Labaran soyayya take ba su, kuma ba gadonsu ta yi ba, ita ke ƙaga su. Tana tafe da tulu ko tana hura wuta sai ta ga wani mutum a ranta, da tsagen fuskarsa da irin tafiyarsa. Ta nemo masa mace, sannan ta zauna tana tunanin abin da zai hana su haɗuwa.

Mijinta Talle mutumin ƙasar Zazzau ne. Ya rako shanu a jirgi tun yana saurayi, ya ga Ikko, bai koma ba. Dako yake yi a tasha. Dogo ne mai faɗin kafaɗa, Allah kuma ya ba shi murya, irin wadda in ya yi sallama a ƙofar gida har maƙwabta sai sun amsa. Sai dai muryar ba ta da abin faɗa. In ya dawo gida zancensa bai wuce tuwo, da wanda ya cuce shi wajen rabon kaya, da ko ruwa zai sauko. Sun daɗe tare, ba su sami haihuwa ba, ba sa faɗa, ba sa hira.

Wata damina yana hawa katako da huhu a ka, ƙafarsa ta zame, huhun ya biyo shi ya danne masa baya. Ya yi watanni a kwance. Don kada zaman ɗaki ya haukata shi, Hansai ta riƙa ba shi wani sabon labari da ta soma saƙawa, na wani mai korar shanu, Sa'idu, da Larai, 'yar mai masaukin da yake sauka. Ta zaci ma ba ya saurare. Ran da ya fara takawa da sanda ya lallaɓa gindin mangwaron zango, inda fatake da mahauta da 'yan dako ke zama bayan la'asar. Wani ya ce, "Talle, me ka samo mana a kwanciyar nan?" Sai ya buɗe baki ya ba su labarin Sa'idu, tun daga farko har inda Hansai ta tsaya. Da ya yi shiru aka ce ya ci gaba, ya ce sai gobe. Washegari mutum biyu suka zo har gida suka tafi da shi.

Daga nan abin ya zama sana'a. Ana jefa masa abin da ya sawwaƙa a hula, mahauta na ba shi tsoka, sunansa ya koma Malam Talle mai labari. Kowace safiya yana shan koko Hansai na zuba masa rabon ranar, ya maimaita ta gyara, sannan ta tafi rumfa. Abu biyu ya roƙe ta. Kada ta ba mata wannan labarin, don kada ya isa kunnen maza kafin la'asar. Kada kuma kowa ya san daga ina yake fitowa.

"Maza ba za su zauna su ji zancen mace ba," in ji shi. "Kin sani ai."

Ta sani. Ta koma ba matan rumfa tsofaffin labaranta, sabon ta bar wa zango.

Wata safiya ya ce, "Mutane na tambaya, wai Larai fara ce ko baƙa. Kin bar ta ba fuska."

"Kada ka faɗa musu, Malam. Ka ce dai in za ta yi dariya tana rufe baki da bayan hannu."

"Don me?"

"Kowannensu ya baro wata a gida. In ka ce fara ce ka kori matar mai baƙa. Bar musu wurin, su za su sa fuskar."

Wani lokaci shi ne ke ƙosawa. "Tun damina ko gefen zanenta bai taɓa ba. A ɗaura musu aure mana a huta."

"Ran da aka ɗaura, ran nan za ka zauna daga kai sai mangwaro. Ba aure suke zuwa ji ba, yawancinsu sun yi, sun san yadda yake. Abin da ke gabansa suke so, lokacin da mutum bai tabbata ana son sa ba."

Ta sa wa Sa'idu saurin fushi da ɗan maƙo, ta ce mutumin da ba shi da aibu ba wanda zai dube shi ya ce ni ne. Ta sa Larai ta riƙa ajiye masa ƙanzo a ƙarƙashin faifai. Talle ya yi dariya ya ce, ƙanzo kuma, a labarin soyayya? Ta ce in aka ce zoben zinariya kowa ya san ƙarya ce, ƙanzo kuwa babu wanda ba a taɓa ajiye wa ba, ko da uwarsa ce. Ran da ya ba da wannan, ya dawo yana mamaki. Ya ce har wani tsohon direban jirgi ya tashi ya bar wurin bai ce wa kowa komai ba.

Wani lokaci in ta taso daga rumfa Hansai kan bi ta bayan zango, ta tsaya gefen wata bukkar mai itace kamar tana ciniki, ta saurara. Daga nan tana hango bayan mazan, wuyansu duk a miƙe. Akwai wani ƙaton mahauci, Iliyasu, mutumin ƙasar Katsina, kullum shi ne a gaba. An ce ya baro mata a gida shekaru da yawa, kullum yana cewa baɗi zai koma. In labari ya kai wuri mai taɓa rai sai ya hau goge wuƙarsa da tsumma, ya yi ta gogewa bai ɗago kai ba.

A nan Hansai ta tsaya ran da Sa'idu ya fara buɗe wa Larai cikinsa. Talle ya sassauta murya ya ce, "Larai, ba don in gan ki nake zuwa ba. In na ji kina daka, ko ban gan ki ba, sai in ji kamar ina da gida a garin nan." Wurin ya yi shiru har ana jin jirgi na huci can a tasha. Maganar nan ta daɗe tana juya ta a ranta kafin ta ba shi. Ba don zango ta yi ta ba, ba ta dai da inda za ta kai ta ne. Ta yi sauri ta riga shi gida, ta share tsakar gida, ta canza zane. Ya shigo ya rataye hula ya ce, "Miyar jiya ce ko kin yi sabuwa?"

Ana cikin haka wata baƙuwa ta zo rumfar. Zuwaira sunanta, 'yar ƙanen Inno, wadda ta fi kowa tsufa a cikin matan. Mijin Zuwaira ya tafi Bama bai dawo ba, ta gama takaba a Idi-Araba, ta dawo wurin goggonta. Da farko ba ta ɗaga kai daga daro. Bayan 'yan makonni sai aka ga ta soma sa kwalli, tana murmushi ita kaɗai. Mata suka sa ta gaba da tsokana, har ta ce wani ne ke tsayawa a bakin dangarsu da hantsi, ran da ba ta zo aiki ba.

"Me yake ce miki?" in ji wata.

Zuwaira ta sunkuyar da kai. "Cewa ya yi ba don ya gan ni yake zuwa ba. Wai in ya ji ina daka, ko bai gan ni ba, sai ya ji kamar yana da gida a garin nan."

Matan suka ɗauki guɗa ƙasa-ƙasa. Inno ta ce wannan ya iya zance, Allah ya sa ya iya cefane. Hansai ta jefa farin goro cikin kwandon ja, abin da ba ta taɓa yi ba, ta sa hannu ta ciro shi. Ta gaya wa kanta maza da yawa sun ji maganar a zango, kowa na iya ara. Amma da Zuwaira ta ɗauki bokiti za ta rijiya, ita ma ta ɗauki nata ta bi ta.

"Wane ne mutumin nan, ƙanwata?"

"Yaya, kada ki faɗa wa kowa tukuna. Malam Talle ne, mai labarin nan na zango."

"Ba shi da iyali?"

"Yana da mata, bai ɓoye mini ba. Ya ce mutuniyar kirki ce, ba ta taɓa saɓa masa ba. Sai dai shiru-shiru ce, ba ta san zance ba."

Hansai ta gama jawo gugarta, ta juye, sannan ta ce, "Ni ce matar."

Zuwaira ta ja da baya har ta kusa tuntuɓe da bokiti. Ta soma rantsuwa ba ta sani ba. Hansai ta ce ta yarda, ba faɗa ta zo yi ba.

"Abu ɗaya zan gaya miki. Maganar da ya faɗa miki, ni na shirya ta, ina wanke tukunya. Duk labarin da yake bayarwa ni ke ba shi da safe. Ba sai kin yarda da ni ba, ki jira dai. Nan da 'yan kwanaki zai tambaye ki abin da kike tsoro tun kina yarinya. In kin faɗa ba zai yi dariya ba. Zai yi shiru kaɗan, sannan ya ce shi ma akwai abin da yake tsoro bai taɓa gaya wa kowa ba, wai in jirgi ya hau gadar Jabba rufe ido yake yi. Yau da safe na ba shi wannan. Ban taɓa ganin gadar ba ma, a bakin fatake na ji."

Zuwaira ta ɗauki bokitinta rabi ta tafi. Daga ranar ta canza wurin zama a rumfa, ta koma can bakin ƙofa. Hansai ta ci gaba da ba Talle labari kowace safiya kamar ba abin da ya faru, tana kallon yadda yake maimaitawa, yana gwada inda zai sassauta murya. Tana jira Zuwaira ta zo mata da kuka, har ta tanadi abin da za ta ce ta lallashe ta.

Da Zuwaira ta zo, a rijiyar dai, ba kuka take yi ba.

"Ya faɗa, Yaya. Kamar yadda kika ce, har da shirun."

"To kin gani."

"Na gani. Tun da ya buɗe baki na san abin da zai biyo baya. Na ce in ya kai gadar zan tashi in shige gida." Ta dubi igiyar gugar da ke hannunta. "Ban tashi ba. Na gaya masa tsawa nake tsoro. Wallahi da ya yi shirun nan sai da na ji hawaye."

"Alhali kin san ba nasa ba ne."

"Na zauna da miji, Allah ya jiƙansa, bai taɓa tambayata ko ina jin sanyi ba. Wannan ko aro ya yi, ni ya ɗauko ya kawo wa. Da ƙafarsa ya tako, da bayansa mai ciwo. Ke kika shirya, na yarda. Amma da kin bar ni ban sani ba da ya fi mini, kuma ban gode miki ba."

Hansai ta tsaya da guga a hannu har Zuwaira ta ɓace. Abin da ya fi ƙona mata rai shi ne ta gane maganar. Ita ma ai ta tsaya bayan bukkar mai itace ta ji zancenta na kanta a bakin mutumin nan, ta ruga gida ta canza zane.

Washegari ta ba Talle wani rabo dabam. A labarin, an raba Sa'idu da Larai, ya kora shanu kudu da alkawarin zai dawo. Hansai ta ce yau Sa'idu zai sauka a wani gari, ya ji wata mace na daka a bayan danga, ya tsaya ya gaya mata abin da ya gaya wa Larai, kalma ɗaya bai canza ba.

Talle ya ajiye ludayi. "Sa'idun?"

"Shi."

"Ba za su so ba."

"Na taɓa ba ka abin da ba su so ba?"

Ya dube ta, ta ci gaba da ɗaura ɗankwali. Bai ga komai a fuskarta ba, ko kuma bai so ya gani ba. Da la'asar ta tashi aiki da wuri ta tsaya inda ta saba.

Ya ba da shi da kyau, wannan kam ba ta rage masa ba. Amma yana kaiwa ga maganar daka sai gunaguni ya tashi. Wani ɗan dako ya ce ƙarya ne. Wani ya ce an ɓata labari. Iliyasu ya miƙe tsaye, wuƙa a hannu ɗaya tsumma a ɗaya, ya ce, "Malam Talle, Sa'idu ba zai yi haka ba. Yarinyar nan tana can tana jiransa. Ka gyara." Hansai ta bi su da kallo ɗaya bayan ɗaya. Ta san waɗanda ke da daduro a Agege, ta san wanda ya yi 'ya'ya da wata Bayarabiya matarsa ta gida ba ta sani ba. Su ne suka fi ɗaga murya.

Gumi ya keto wa Talle. Can ya ɗaga hannu ya ce, "Ku tsaya mana. Wa ya ce muku a farke ne? Larai ce ke mafarki. Sai ta farka tana kuka, ta ji kiran assalatu." Aka yi ajiyar zuciya gaba ɗaya, wasu har da dariya. Iliyasu ya zauna yana cewa ai dama ya sani. Ranar hular ta fi kullum nauyi.

Talle ya dawo gida ya sami Hansai tana tuƙa tuwo. Bai rataye hula ba, ya tsaya a kanta.

"Wa ya gaya miki?"

"Maganata ce ta dawo mini, Malam. A rumfa, gaban mutane."

"Na ɗauka abin da kika ba ni ya zama nawa."

"Na ba ka ka kai zango."

Ya zauna a kan turmi, don bayansa ba ya son tsayuwa. Ya ce ba ɓarna yake nema ba, aurenta zai yi, kuma ba abin da zai ragu na Hansai. Ta ce ya auri huɗu ma, ba wannan ne ya dame ta ba.

"Tun da ka tashi daga ciwon nan nake sa maka magana a baki. Ka faɗa wa mahauta, ka faɗa wa 'yan dako, ka ɗauka ka kai bakin dangar Inno. Ko sau ɗaya ba ka yi kuskure ka juyo ka faɗa mini ba."

Ya juya ya dubi wuta. Da ya yi magana ba da fushi ya yi ba.

"Ta yaya zan faɗa miki, Hansai? Ke kika shirya. Kin san inda zan yi shiru, kin san inda zan numfasa. In na faɗa gyara mini za ki yi. Ita kuwa in ina magana kallona take yi kamar mutum ne ni."

Ta kwashe tuwon ta ajiye masa, ya ci.

Daga ranar ba ta sake ba shi ko kalma ba. Ya yi ta jan labarin da kansa, Sa'idu ya yi faɗa da ɓarayin shanu, ya yi faɗa da kura, ya sake faɗa da ɓarayi. Mutane suka soma raguwa, masu zuwa na tambaya ina Larai. Ya roƙe ta, ya yi fushi, ya sake roƙo. Ta ce kanta ya bushe. A ƙarshe ita ta nemi ya sawwaƙe mata, ya yi a gaban limamin unguwa, ta kwashe kwanukanta ta kama ɗaki kusa da rumfa. Ba a jima ba aka ɗaura aurensa da Zuwaira, suka hau jirgi suka yi arewa, don a Agege ba shi da sauran abin faɗa.

Hansai ta zaci can ma zai ƙare. Amma fataken goro suka riƙa kawo labari cewa ya zauna a Minna, kusa da tasha, yana ba da labarin Sa'idu tun daga farko, jama'a har kan katanga. In ya kai inda ya ƙare masa sai ya ƙara gaba zuwa wani garin ya sake farowa. Duk inda jirgi ke tsayawa akwai maza da suka baro wata a gida. An ce Zuwaira ta haihu, namiji. Inno ta raba goron suna a rumfa, ta zo kan Hansai ta yi jim, Hansai ta miƙa hannu ta karɓa ta ce Allah ya raya.

Matan suka yi ta roƙonta sabon labari, ta ce sai ta huta. Ba hutu ba ne. In ta soma ganin wani mutum a ranta, da tsagensa da tafiyarsa, sai ta ji shi yana magana da muryar Talle, ta watsar.

Wata rana da hantsi Iliyasu ya zo rumfar. Ya ce goro ya zo saya, amma bai dubi goron ba. Ya tsuguna daga nesa ya gaishe ta, ya yi ta juya hularsa.

"Baiwar Allah, ki yi haƙuri, na san abin da ya shiga tsakaninku. Amma kin zauna da mutumin nan. Ya tafi bai ƙarasa mana ba. Ko ya taɓa gaya miki yadda aka ƙare? Da Sa'idu ya koma, ya same ta?"

Matan suka rage hannu suna saurare. Hansai ta dube shi. Furfura ta fito masa a gemu, rigarsa duk tabon jini. Ta san ƙarshen labarin tun ran da ta fara shi, tun Talle na kwance. Larai ta jira har iyayenta suka gaji, har ita ma ta gaji, ta auri wani maɗinki mai haƙuri. Da Sa'idu ya dawo ta gaishe shi da mutunci ta sa aka kawo masa ruwa. Haka uwar Hansai ta yi, haka mata da yawa da ta sani suka yi, ba ta kuma ga laifinsu ba. Maganar na kan harshenta. Ta ga yadda ya damƙe hular yana jira.

"Ya gaya mini," in ji ta. "Ya same ta. Yana shiga gari da yamma ya tarar da ita a bakin rijiya, ta rame, ta ƙi kowa. Ba ta ce masa komai ba, ta dai karɓi sandarsa ta riƙe masa suka tafi gida."

Iliyasu ya rufe ido. "Ta karɓi sandar," ya ce a hankali. Ya yi mata godiya har sau ba adadi, ya tafi ya manta bai sayi goron ba.

Inno ta matso ta ce, "Haka aka ƙare da gaske?"

"Haka ya zo ji, Inno."

Bayan babbar sallah aka ce Iliyasu ya sayar da wuƙaƙensa da teburinsa, ya sayi turmin atamfa da madubi, ya hau jirgin Kano. Hansai ba ta tambayi kowa abin da ya tarar ba. In mahauta suka shigo rumfar sayen goro suna hirar mutanen gida, sai ta ɗauki daronta ta koma can ƙurya, inda ba a jin abin da suke cewa.